Wasan fiɗa na kwamfuta bai kai a raba mutane da ɗakin tiyata ba

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da abokan aikinka, ina roƙon fili a jaridarka in yi magana a kan wani wasan kwamfuta da ake ta yaɗa guntayen bidiyonsa a waya, ana cewa wai makarantar koyon satar ƙoda ce Turawa suka buɗe wa yara. A zauren WhatsApp na matan unguwarmu aka turo shi, haɗe da muryar wata baiwar Allah tana salati, tana cewa ga abin da ake yi wa mutum in an sa shi barci a asibiti. Wannan magana ta ƙarshe ita ta hana ni yin shiru. Ni ma'aikaciyar jinya ce, a ɗakin tiyata na yi mafi yawan aikina har na yi ritaya, wasan kuma na san shi domin jikana yana da shi a kwamfutarsa, na zauna kusa da shi na kalla tun daga farko har ƙarshe.

Sunan wasan Surgeon Simulator, wani kamfani ne na Landan mai suna Bossa Studios ya ƙirƙira shi. Asalinsa ba wani ɓoyayyen abu ba ne. Akwai wani taro da masu ƙirƙirar wasanni ke yi duk shekara a ƙasashe da yawa lokaci guda, ana kiransa Global Game Jam, a ba su jigo ɗaya a ce su fito da wasa cikin awa 48. A watan Janairun 2013 jigon shi ne ƙarar bugun zuciya. Sai wasu ma'aikatan kamfanin su huɗu, Tom Jackson da Jack Good da Luke Williams da James Broadley, suka haɗa wasan dashen zuciya. Da mutane suka yi ta dariya a intanet suna neman ƙari, aka faɗaɗa shi aka sa shi kasuwa a watan Afrilun wannan shekara, da dashen ƙoda da na ƙwaƙwalwa, daga baya aka ƙara na ido da na haƙori. Kashi na biyu ya fito a 2020. Ka ga ke nan abin da ake firgita mata da shi yau ya haura shekara goma yana yawo a duniya.

Ga yadda yake. Ba ka ganin likitan, wanda suka sa wa suna Nigel Burke, hannunsa ɗaya kawai kake gani, da agogo ɗaure a wuyan hannun, ba ko safar hannu. Majinyacin, Bob, yana kwance an rufe shi da ƙyalle, a gefe ga aska da almakashi da zarto da guduma da na'urar huda ƙashi, ga sabuwar zuciya a cikin akwati. Kowane yatsa da madanninsa a kwamfuta: A da W da E da R na yatsu huɗu, dogon madannin nan na ƙasa na babban yatsa. Da linzamin kwamfuta ake kai hannun gaba da baya, a sauke shi, a juya shi. A sauran wasanni danna wuri ɗaya kake yi abu ya manne a hannunka. Nan kuwa sai yatsun sun kama abin da gaske, domin kwamfutar tana lissafa nauyin kowane abu da santsinsa da yadda zai yi in ya yi karo da wani. In ka kama aska a karkace za ta suɓuce. In gwiwar hannu ta taɓa tire, kaya su watse a ƙasa. In ka ɗauki zarto da yatsa biyu ya yi ta lilo har ya yanki inda ba ka nufa ba. Akwai allura kore mai tsayar da jini, amma in ka soki kanka da ita sai allon ya rikice, launuka su yi ta yawo, sai ka nemo shuɗiya ka dawo hayyacinka. Kamar a ce ka ci tuwo da hannun wani ne: kana ganin loma, kana ganin baki, amma haɗa su ya gagara.

To a nan dariyar take. Na lura da jikana da abokansa, ba Bob suke yi wa dariya ba, hannun suke yi wa, wato kansu. Yaro ya yi minti biyu yana kokawa da almakashi, ya samu ya ɗauka, ya saki yatsa ɗaya bisa kuskure almakashin ya faɗa cikin ƙirji, sai ihu. Da na ce masa, "Angona, wannan likitan naka ko wanke hannu bai yi ba," cewa ya yi, "Hajiya, ai ko cokali ba zai iya riƙewa ba, shi ne wasan." Yaron ya fahimci abin sarai. Babu mai kallon wannan hannu ya ɗauka haka likita yake, sai wanda aka yanko masa daƙiƙa talatin aka ɗora masa murya mai ban tsoro a kai.

Abu ɗaya na yaba wa waɗanda suka yi shi, ko da gangan suka yi ko dace ne. Sun sa yara sun ga cewa hannu ba ƙaramar baiwa ba ce. Ƙashi 27 ne a hannun mutum, yatsu kuma da igiyoyin jijiya ake jan su daga tsokar damtse da tafi, duk suna aiki tare ba tare da ka umarci kowanne shi kaɗai ba. Ranar da aka ce ka sarrafa su ɗaya bayan ɗaya, ranar za ka san abin da Allah ya ba ka. Aikina a tiyata miƙa kaya ne. Likita ba ya ɗaga ido daga ciki, tafin hannu kawai yake buɗewa, ni kuma in ɗora masa abin da yake so da ɗan ƙarfi yadda zai ji saukarsa ta cikin safa, bakin yana kallon inda zai shiga, zoben maƙalli daidai yatsunsa. Wani lokaci kafin ya buɗe baki na riga na miƙa, domin ina kallon raunin tare da shi. Allurar ɗinki kuwa a bakin mariƙinta ake kafa ta, kusurwarta daban in likitan bahago ne. Ɗalibai sababbi, ranar farko da suka sa safa biyu, zare ma gagarar su yake yi su ƙulla, gumi na tsattsafo musu a goshi. Shekaru ake yi kafin hannu ya san hanya da kansa.

Akwai ma binciken da aka wallafa a 2007 a kan likitocin fiɗa 33 a wani asibiti a birnin New York, ƙarƙashin Dokta James Rosser. An ga waɗanda suka taɓa sabawa da wasannin bidiyo fiye da awa uku a mako sun yi ƙarancin kuskure da kashi 37 cikin ɗari, sun kuma fi sauri da kashi 27, a gwajin tiyatar nan da ake yi ta ƙananan huda, ana kallon allo ana sarrafa dogayen ƙarafa. Dalilin a bayyane yake: a irin wannan aiki in ka kai hannu dama bakin ƙarfen hagu yake yi, idonka kuma yana kan allo ba kan hannunka ba. Amma kada wani yaro ya kai wa mahaifinsa wannan a matsayin hujja. Binciken ya girmi wasan da shekara shida, mutanen kuma likitoci ne da suka riga suka yi karatunsu. Babu wanda zai koyi fiɗa daga Surgeon Simulator, mai kyau ko marar kyau.

Wannan ya kawo ni kan zancen satar ƙoda. A wasan, da guduma ake farfasa haƙarƙari, a fizgo huhu a yar a ƙasa, a yanke tsohuwar zuciya, a jefa sabuwa a ramin, shi ke nan an ci nasara har da maki. Ba ɗinki, ba haɗa jijiya. A zahiri ƙashin tsakiyar ƙirji ake tsagawa, a buɗe shi a hankali, a ɗora majinyaci a kan na'urar da ke yin aikin zuciya da huhu, a ɗinka manyan hanyoyin jini ɗaya bayan ɗaya, a ƙarshe a ɗaure ƙashin da waya ta ƙarfe. Zuciyar da aka ciro awa huɗu zuwa shida take jurewa a cikin sanyi. Christiaan Barnard ne ya fara dashen zuciya daga mutum zuwa mutum a asibitin Groote Schuur da ke Cape Town ranar 3 ga Disamba 1967, da tawaga mai yawa a bayansa, majinyacin kuma, Louis Washkansky, kwana 18 ya yi ciwon huhu ya ɗauke shi, domin magungunan hana jiki ƙin sabuwar zuciya sun raunana garkuwarsa. Ƙoda ma haka: dashen farko da ya ɗore an yi shi a Boston a 1954, tsakanin tagwaye masu kama ɗaya, saboda jiki ba ya karɓar naman kowa. Asibitin Koyarwa na Aminu Kano ya fara dashen ƙoda a 2002, kuma duk wanda ya yi jinyar mai wankin ƙoda ya san gwaje-gwajen jini da na dacewar jiki da ake sha kafin a kai ga ranar aiki.

Ban ce babu cinikin sassan jiki a duniya ba. Akwai shi, kuma Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta haramta shi a Najeriya. Kowa ya ji shari'ar Sanata Ike Ekweremadu, wanda kotu a Landan ta ɗaure shekara tara da wata takwas a 2023 kan kai wani matashi Ingila don a cire masa ƙoda. Amma dubi kayan aikin wannan laifi: kuɗi, da alkawarin aiki, da talaucin wanda aka yaudara, da takardu, da wani likita a tsakani. Wani likita na asibitin da aka kai yaron a can Ingila ne ma ya ƙi yarda a yi aikin bayan ya gana da shi. Uwar da ke tsoron a cuci ɗanta, ta sa ido a kan wanda ya zo da zancen fasfo da aiki a waje, ya fi mata amfani da ƙwace kwamfuta.

Bari in ɗan tsaya a kan agogon nan na hannun Nigel Burke, wanda yakan kwance ya faɗa cikin majinyaci a ci gaba da aiki. Shi ne ya fi tsaya mini a rai, domin rabin rayuwata a kan hana irin wannan ta tafi. Ba a shiga tiyata da agogo ko zobe ko awarwaro. Ana wanke hannu har gwiwa, a riƙe shi sama kada ruwa ya gangaro wa yatsu. Kafin a yanka fata, ni da wadda ke zirga-zirga a ɗakin muna ƙirga kowane ƙyallen tsane jini, kowace allura, kowane maƙalli, da murya a fili, ta rubuta. Kafin a rufe ciki a sake ƙirgawa, kafin a rufe fata a sake. Na tuna wani dare da muka yi aikin wani yaro da taifot ta huda wa hanji, ƙirga ta nuna saura ƙyalle ɗaya. Likitan ya gaji, wuta ta ɗauke an koma janareto, amma ya ajiye allura ya ce ba mai rufe komai. Aka zazzage bokiti, aka warware ƙyallayen da suka jiƙe ɗaya bayan ɗaya a kan leda, aka duba ƙarƙashin gado. Can sai ga shi naɗe cikin wani, biyu sun manne sun zama kamar ɗaya. Sai da aka sake ƙirgawa daga farko lissafi ya cika sannan ya ɗauki allurarsa. Ba wanda ya gaya wa iyayen yaron, ba kuma abin faɗa ba ne, aikin ke nan kullum.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar da takardar tantancewa ta tiyata a 2008, mai tambayoyi 19, da ake karantawa kafin sa barci, kafin yanka, da kafin fitar da majinyaci: wane ne shi, wane aiki za a yi, a wane gefe, akwai maganin da jikinsa ba ya so, an tanadi jini, ƙirga ta cika. Da aka gwada ta a asibitoci takwas na ƙasashe daban-daban, har da ɗaya a Ifakara ta Tanzaniya, mace-mace bayan aiki sun ragu daga kashi 1.5 cikin ɗari zuwa 0.8. Ba sabuwar na'ura, magana ce kawai tsakanin mutanen da ke ɗakin.

Mutanen nan su ne wasan ya share. Babu mai sa barci a kan Bob, alhali shi ne ke zaune a wajen kai tun farko har ƙarshe, yana duba numfashi da bugun zuciya da hawan jini, shi ne kuma ke da ikon cewa likita ya dakata. Babu mataimaki, babu mai dafa kayan aiki, babu na ɗakin gwaji. A saman allon akwai lissafin jini, yana farawa daga mililita 5,600 yana sauka, in ya ƙare wasa ya ƙare. Wannan lamba ba ta yi nisa da gaskiya ba, jinin babban mutum wajen lita biyar ne. Sai dai mu ba mu da allura kore. Abin da muke da shi leda ce mai kimanin mililita 450 da wani ya kwanta aka ɗiba daga jikinsa. Sau nawa na fito ƙofar tiyata na tarar da dangi cike da baranda, ana cewa ana bukatar jini leda biyu sai ka ga maza majiya ƙarfi suna zamewa ɗaya bayan ɗaya, wannan zai je alwala, wancan an kira shi a waya. Na nuna wa jikana lambar tana sauka na tambaye shi, in da gaske ne wa zai cike ta. Ya yi shiru, daga baya ya tambaye ni shekara nawa ake kaiwa kafin a fara ba da jini.

Akwai abin da ban so ba a wasan, kuma ba zan ɓoye shi ba. In majinyaci ya mutu, rubutun da ke fitowa yana kiran abin kisan gilla, cikin sigar taya murna. Wanda ya taɓa tsayawa a ɗakin da aka kashe na'ura aka duba agogon bango aka rubuta lokaci ba zai ji daɗin wannan ba. Mu ma mukan yi raha a tiyata, in ba haka ba zuciya ba za ta ɗauka ba, amma ba a kan wanda ke kwance ba, ko yana barci. Aikin ido da na ƙwaƙwalwa kuma sun yi muni a ido, dashen ƙwaƙwalwa ma ba a taɓa yin sa a kan ɗan Adam ba. A ganina bai dace da ƙananan yara ba, bai kuma dace a kunna shi a gidan da ake da mai jiran ranar aiki ba. Matashi da ya mallaki hankalinsa, ban ga laifi ba, musamman in akwai babba kusa da zai ce masa ga abin da aka bari a baya.

Abin da nake tsoro shi ne muryar nan da aka ɗora a kan bidiyon. Mutanenmu da ma suna gudun wuƙa. Mace ta kwana biyu tana naƙuda, a ce sai an yi mata aiki, miji ya ƙi sa hannu, ko ya ce sai ya je ya shawarci na gida, kafin ya dawo mahaifa ta fashe, ko jariri ya tafi ita kuma ta tashi da yoyon fitsari. Dattijo ya yi shekaru da ƙaba yana ɗaure ta da ƙyalle, sai ranar da hanji ya shaƙe a kawo shi cikin dare. Wani babban bincike da aka yi a ƙasashen Afirka 25, aka wallafa a 2018, ya nuna majinyatanmu sun ninka na sauran duniya yiwuwar mutuwa bayan tiyata, duk da sun fi ƙuruciya, kuma yawancin mutuwar a kwanakin bayan aiki take faruwa, a ɗakin kwanciya, inda ma'aikata da kayan sa ido suka yi ƙaranci. Wannan shi ne abin da ya kamata a yi ta turawa a waya ana neman gwamnati ta gyara. Duk wanda ya ƙara wa mai juna biyu tsoron ɗakin tiyata da zanen kwamfuta, ya ƙara mata jinkiri, jinkirin kuma shi ke kashewa.

Sannan hannu marar horo yana nan a garuruwanmu, ba a kwamfuta ba. Akwai masu buɗe ɗaki biyu a lungu su rataya farar riga, su yi wa mace aiki ba mai sa barci na ƙwarai, ba jini a ajiye, ba wanda ke ƙirga komai. Mun karɓi irin waɗanda suka fito daga hannunsu, ciki ya kumbura yana wari. Mutum ya guji babban asibiti saboda jita-jita, ya faɗa can saboda araha da daɗin baki.

Don haka roƙona gare ka, Edita, ka ware shafi ko da sau ɗaya a wata, ka gayyato likitan fiɗa da mai sa barci da ma'aikaciyar jinya ta tiyata su bayyana wa jama'a da Hausa abin da ke faruwa daga lokacin da aka tura gado ciki har a fito da shi. A gaya wa mutane dalilin hana cin abinci kafin aiki, da ma'anar takardar da ake sa wa hannu, da cewa suna da haƙƙin tambaya: wa zai yi aikin, yana da rajista da hukumar likitoci ta ƙasa, wa zai sa barci, an tanadi jini, wa zai duba majinyaci cikin dare bayan an fito. Ni da wasu abokan aikina da muka yi ritaya a shirye muke mu amsa tambayoyin masu karatu in ka buɗe filin.

Wassalam.

Taku,
Tsohuwar ma'aikaciyar jinya ta ɗakin tiyata,
Zariya.